Lita Goman Malam da Igiyar Sha-Kurum

Duk wanda ya ce muku lita tara ce, bai san labarin nan ba, ya yi shiru a gaya masa. Goma ce cif, a cikin shuɗiyar jarka, a bayan ƙofar kicin, kuma babu ɗigo ɗaya a cikinta da Malam bai tsaya a layi da ƙafafunsa ya samo ba. A lokacin man fetur ya yi ɓatan dabo a garin. Mutum sai ya wuni a gidan mai ya dawo gida da abin da bai kai cikin kofin shayi ba.

Malam ya fi shekara talatin yana koyar da lissafi. Ranar da ya ajiye aiki ko faranti ba wanda ya ba shi. Sai ga shi kwatsam tsofaffin ɗalibansa na makarantar da ya fara koyarwa, can a wani gari, sun haɗa ƙarfi sun gina sabon aji, sun ce sunansa za a sa wa ajin, kuma shi da hannunsa zai yanke ƙyallen buɗewa ranar Asabar. Abin da Malam yake so a duniya ke nan: ya tsaya a ƙofar ajin nan, a ce ga mutumin da ya koyar da lissafi daidai.

Ya zauna ya buga lissafinsa. Garin kilomita casa'in da shida ne. Tsohuwar motarsa tana cin lita ɗaya a kilomita goma. Lita tara da ɗigo shida ke nan, saura ɗigo huɗu na ko-ta-kwana. Dawowa ba matsala, zai sauka gidan 'yarsa da ke aure a can har mai ya samu. Bai zuba man a tanki ba saboda motar a waje take kwana, unguwar kuma akwai masu zuƙe mai da tiyo.

Kuskure ɗaya Malam ya yi, ya kuma amsa shi. Da safiyar Asabar, yana shirin shiga wanka, ya ga ƙanin matarsa zaune a tsakar gida yana sakace, ya ce masa, "Kai, ɗauki jarkar nan ka juye a mota. Kada ka zubar da ko ɗigo."

"Sha kuruminka, Yaya Malam."

Wannan magana ita ta zame masa suna a unguwar. Sha-Kurum ya zo ziyarar mako guda ne tun yaran gidan suna firamare, har yau yana ɗakin bakin ƙofa. Shi ya gyara rediyon gidan, tun daga ranar ba ya kama komai sai ƙarar ruwan sama. Shi ya gyara famfo, yanzu in an buɗe shi ta bango ruwan ke fitowa. A da can ya taɓa zama a ajin Malam, a bencin ƙarshe, jikin taga, kuma a kan wannan yake gaya wa duk baƙon da ya zo unguwar cewa shi ne hannun daman Malam a lissafi.

Malam ya yi wanka a tsanake, ya yi aski, ya sa farar rigarsa da ta sha sitati har tana iya tsayuwa ita kaɗai. Ya tsaya gaban madubi yana maimaita jawabinsa. Yana cikin sakin layi na biyu sai ya ji janaretan mai aski ya tashi, wanda ya yi makonni bai yi ko tari ba. Can kuma injin niƙan bayan gida ya ɗauka.

Ya ce wa matarsa, "Kin ji? Da alama mai ya shigo gari."

Ta ce, "Ai dama ba a daɗewa a wahala," tana ɗaura ɗankwali.

Da ya buɗe ƙofar gida, rabin unguwa na tsaye a waje. Motarsa na nan inda ya bar ta, amma an ɗaura mata igiyar rijiya a bamba. Igiyar ta tafi ta kama bayan keken mai burodi, irin mai injin nan mai ƙafa uku, shaƙe da burodin safe. Daga gaban keken wata igiyar ta tafi ta kama babur ɗin tela. Jarka tana gefe a kife. Sha-Kurum kuwa yana tsaye jikin katangar Malam, wadda aka shafa wa farin fenti watan jiya, da gawayi a hannunsa, ya cika ta da lambobi.

"Yauwa, ga mai gayya ya fito! Kai, Yaya Malam, wannan riga ai sai a kulle ka a gilashi. Matso ka ga abin da ɗalibinka ya gano."

"Ina man?"

"Za mu zo wurin. Motarka, lita ɗaya, kilomita nawa?"

"Ina man, na ce!"

"Goma. Tela, babur ɗinka fa?"

Tela ya gyara tef ɗin awo da ke wuyansa ya ce, "Arba'in, in iska na bayanmu."

"Mai burodi?"

"Ashirin da biyar."

"To, jama'a, in an ɗaure su da igiya, sun zama mota guda ko ba su zama ba?"

Jama'a suka ce sun zama.

"Goma da arba'in da ashirin da biyar?"

"Saba'in da biyar!"

"Kilomita saba'in da biyar a lita ɗaya!" Ya ja layi biyu a ƙarƙashin lambar har gawayin ya karye. "Tafiyar nan ko lita ɗaya da rabi ba ta ci ba. Amma ni ba na son ƙuntata, sai na bar mana huɗu, na raba wa tankuna uku. Shidan da suka yi saura na taimaki maƙwabta da su, da sunanka. Kowa sai sa maka albarka yake yi."

Aka yi tafi.

Mai aski ya matso da injin aski a hannu, fuskarsa cike da fara'a. Shi ma ɗalibin Malam ne a da, kamar yawancin mazan layin. Ya ce, "Malam, wallahi haka ka koya mana. In abubuwa sun haɗu wuri ɗaya, tarawa ake yi. Har yanzu ina jin muryarka."

"Lemo na ce! Lemo uku da lemo huɗu! Yaushe na ce a tara motoci?"

"To ai duk abu ne, Malam."

Malam ya juya wurin tela. "Kai, in ni da kai da mai burodi muka zauna cin abinci, aka ɗaure mana ƙafafu da igiya, sai mu ƙoshi da loma ɗaya?"

Tela ya ɗan yi tunani. "Ya danganta da lomar."

Sha-Kurum ya ce, "Yaya Malam, ciki daban, inji daban. Kada ka haɗa su a gaban mutane, sai a ce ka manta karatu."

"Kowane inji nasa yake sha!"

"Shi ya sa na ba kowa nasa. Ka ga mun yarda da juna."

Malam bai tsaya ba, ya tattare rigarsa ya shiga shagon aski ya ce a dawo masa da mansa. Mai aski ya ce da gudu ma, sai dai ya riga ya gauraya shi da baƙin mai, don ƙaramin janaretansa haka yake sha. Mai niƙa ta leƙo ta cikin ƙura ta ce nata yana cikin inji, ga layin robobi har bakin titi, amma Allah ya ƙara wa Malam girma. Mai fenti ya ɗago bokiti ya nuna masa burushi guda shida suna iyo a cikin wani koren ruwa, ya ce bai taɓa samun mai wanke burushi kamar na Malam ba. Suna cikin haka bas ɗaya tilo da ke zuwa garin makarantar a rana ta wuce ta bakin layi, direban ya danna hon ya ɗaga wa Malam hannu.

Matar Malam ta riga ta shiga gaban mota da jakarta a cinya. Ta ce, "Malam, shigo mu tafi, ko ba komai ana motsi. Yaron nan yana da basira. Tun yana ƙarami ya kwance agogon babanmu ɗai-ɗai."

"Ya mayar?"

"Ba a ba shi lokaci ba."

"Nawa ka zuba a motata?" Malam ya tambayi Sha-Kurum.

"Rabin lita. Ita ce a baya, ba ta da wani aiki."

"Rabin lita, kilomita biyar. Ku shaida, jama'a. A kan tudun babban gidan mai motar nan za ta mutu."

"Sha kuruminka."

Da Malam ya yi tambaya ɗaya bayan wannan, da labarin ya ƙare a nan. Amma ransa ya ɓaci, hankalinsa duk yana kan lambobin da ke jikin katanga, ga mutane sun tura shi kujerar direba suna masa addu'a. Tela ya shiga baya, don Sha-Kurum ya ce jagora ne ke hawa babur, kuma tela bai san lissafin ba balle ya ja ayari.

Sha-Kurum ya rataya usur a wuya ya ba da umarni. Busa ɗaya, a tayar da inji. Busa biyu, a tashi. Busa uku, a tsaya. Ya hau babur, ya busa ɗaya, ya manta da ta biyun, ya murɗa. Babur ya yi gaba kamar an harba shi, igiya ta miƙe, babur ya tsaya cak, Sha-Kurum ya ci gaba shi kaɗai ta saman kan babur ɗin ya sauka a kan tulin yashin maƙwabci.

Ya tashi yana tofar da yashi ya ce, "Gwajin igiya ne. Ta ci jarrabawa."

Tela ya leƙo ta taga. "Madubina! Ka karya min madubi!"

"Jagora ba ya kallon baya."

A karo na biyu aka tashi tare. Yara suka bi su da ihu, mata suka leƙo ta kan katanga, wani mutum da mai aski ya bari da rabin kai a aske ya biyo su da tawul a wuya, yana cewa shi ma sai ya ga ƙarshen abin. A kwanar farko babur ya sha kwana, keke bai kai ga sha ba, igiyar da ke tsakaninsu ta yanke hanya ta share teburin mai tumatir. Tumatir ya gangara titi, motar Malam ta bi ta kai. Mai tumatir ta biyo su da faifai a sama.

Sha-Kurum ya waiwayo ya ce, "Inna, ki yi haƙuri, ilimi ne ke wucewa!"

"Ilimin uwar wa? Tsaya in nuna maka ilimi!"

Ba su yi nisa ba wata akuya ta shigo tsakanin keke da mota, ta tsaya tana shinshina igiya. Malam mutum ne mai bin doka, ya taka birki. Ba wanda ya busa uku. Keke ya ɗaga ƙafar gaba sama, ƙofar bayansa ta buɗe, burodi ya yi ta zubowa a kan gilashin motar Malam ɗaya bayan ɗaya. Malam ya kunna waifa, waifa ta fara raba wa mutanen gefen titi burodi, hagu da dama.

Mai burodi ya diro yana riƙe da kai. "Na shaguna takwas ne! Ka ce min ta hanyar shagunan za mu bi!"

"Ka gode Allah, nauyi ya ragu. Yanzu mun ƙara kilomita."

A wurin ne wani dattijo mai gyaran takalmi ya tsaya da kekensa na ƙafa yana kallon ikon Allah. Sha-Kurum ya dube shi, ya dubi keken, idonsa ya yi wani irin haske da duk wanda ya san shi yake tsoro.

"Baba, keken nan naka lita nawa yake sha?"

"Ba ya shan komai, ɗan nan. Ni ke shan ruwa."

"Jama'a, kun ji? Ba ya shan komai! To kilomita nawa zai yi a lita ɗaya? Ba iyaka! In muka tara ba iyaka a kan saba'in da biyar fa?"

Mai rabin aski ya ce, "Sai dai mu gaji mu sauka."

"A ɗaura shi a baya!"

Malam ya sauke gilashi ya fara bayani, amma wani ya riga ya ciro igiyar shanya daga wani gida. Dattijon ya ce shi dama kasuwa za shi, in an ja shi ya huta. Aka ɗaure shi a bayan mota, ya ɗage ƙafafunsa daga feda ya harɗe hannuwa.

Matar Malam ta ce, "Ka gani? Kai ba ka taɓa tunanin keke ba."

Malam ya ɗage gilashi ya kama sitiyari.

Babban gidan mai yana kan tudu a bakin gari. Layin motoci ya sauko daga can sama har gindin tudun ya sha kwana. Direbobi sun baje tabarmi a inuwar manyan motoci, wasu na dara, wasu na barci da hula a fuska. Ba a fara sayarwa ba, ba kuma wanda ya san ko za a fara. Da suka hango ayarin, masu barci suka tashi zaune.

Sha-Kurum ba zai iya wuce taro haka kawai ba. Ya rage gudu a tsakiyar hawan, ya miƙe tsaye a kan babur.

"Bayin Allah, ku koma gida! Layi ya ƙare! Igiya kawai kuke buƙata! Ku ɗaure motocinku uku-uku, ku tara..."

Motar Malam ta yi tari sau biyu ta yi shiru.

Malam ya dubi agogon nisa da ke gaban sitiyari. Ya ce, "Biyar," a hankali, kuma duk da halin da yake ciki sai da ya ji ɗan sanyi a ransa.

Yanzu babur da keke su ke jan mota da mutum uku da dattijo da kekensa a kan tudu. Babur ya yi kururuwa. Keke ya yi kuka kamar ana yanka shi, baƙin hayaƙi ya turnuƙe, warin kuloci ya cika wurin. Ayari ya tsaya. Ya ɗan yi tunani. Sai ya fara komawa baya.

"Baba, taka feda!" Sha-Kurum ya yi ihu. "Kai ne ba iyaka! Tura!"

Dattijon ya ga bayan mota na nufo shi, ya yar da keken ya haye kan wata tirela da saurin da jikokinsa ba su san yana da shi ba. Malam ya ja birkin hannu. Wani direba ya jefa dutse a bayan taya. Komai ya tsaya, ban da dariya. Akwai wanda ya faɗi daga kan tabarmarsa duk da tabarmar a ƙasa take.

Wani mai tasi ya ce, "Maigida, igiyar ce ta ƙare ko lissafin?"

Wani ya ce, "A ƙara masa baro! Baro ma ba ya shan mai!"

"Ƙaramar matsala ce," in ji Sha-Kurum yana fifita hayaƙi da hularsa. "Tudu ba ya cikin lissafin. Yanzu zan sa shi."

A nan ne Malam ya yi tambayar da ya kamata ya yi tun a ƙofar gida. Ya leƙo ta taga ya ce, "Kai, nawa ka zuba a babur ɗin?"

"Biyu da rabi. Shi ne kan tafiya, dole ya fi ci."

Leɓɓan Malam suka motsa. Biyu da rabi sau arba'in. Ya cire biyar da aka yi, ya cire abin da jan kaya ya cinye, ya duba abin da ya rage na hanya. Da ƙyar ne, amma ya isa.

"Ɗari!" ya yi ihu. "Kilomita ɗari! Babur ɗin shi kaɗai zai kai! Kwance igiyar, maza!"

Sha-Kurum ya kwance igiya kafin Malam ya rufe baki. Malam ya buɗe ƙofa, ya fito da ƙafa ɗaya, yana tattara rigarsa don ya hau bayan babur.

"Ka kawo shawara, Yaya Malam! Bari in je in gaya musu kana tafe. Sha kuruminka!"

Ya murɗa. Tela ya bi shi da gudu har saman tudu yana kiran babur ɗinsa da sunaye masu daɗi. Malam yana nan da ƙafa ɗaya a ƙasa, ɗaya a mota, har ƙarar ta ɓace.

Matarsa ta ce, "Ƙila zai dawo."

"Ba shi da madubi."

Direbobi suka tausaya masa, suka tura motar zuwa ƙarshen layi, suka ce yanzu shi ma ya samu gurbi. Mai burodi ya zauna a gefen kekensa da ya ƙone kuloci yana cin abin da ya rage na kayansa. Malam ya kira shugabar makarantar har ya gaji, wayar na ringi ba a ɗauka. Rana ta take. Sitatin riga ya saki, tabon tumatir ɗaya ya bayyana a hannun dama, ba wanda ya san yadda aka yi ya shigo ta taga.

Can da rana ta karkata kaɗan wayar ta yi ƙara. Shugabar ce, ita ma ɗalibarsa ce a da, ta bencin gaba.

"Malam, ka gafarce ni, wayar na jaka, muna ta hidima. Wakilinka ya iso lafiya. Ya ce kai ka turo shi, ya yanke ƙyallen, an yi hotuna."

"Ya yanke me?"

"Yanzu ma yana cikin sabon ajin, mun sa masa lasifika don iyaye su ji daga waje. Ya ce zai koya wa yara wata dabara da ka ɓoye ba ka sa a darasi ba. Dabarar Malam ya kira ta. Ni dai abin ya ɗan ɗaure min kai, amma tunda daga gare ka ne..."

Ta bayan muryarta Malam ya ji wata murya da ya sani tana amsa kuwwa: "Goma da arba'in da ashirin da biyar?" Sai muryoyin yara, masu tsabta, kamar ɗari: "Saba'in da biyar!"

A cikin ajin da ke ɗauke da sunansa. A kan allon da ko alli bai taɓa gani ba sai yau.

Malam ya fito daga mota. Ya buɗe murya irin wadda ya daina amfani da ita tun da ya ajiye aiki. "Karɓe abin magana daga hannunsa. Ki kara wayar nan a jikin abin maganar. Yanzu."

Ya danna wayar yadda kowa zai ji. Masu dara suka ajiye dara suka matso.

"Yara, Malam ne ke magana, mai ajin da kuke zaune a ciki. Ku goge abin da ke kan allo. Da hannu ma in ba tsumma. An goge?"

"An goge, Malam!"

"Mota tana cin lita ɗaya a kilomita goma. Za ta yi kilomita ɗari. Lita nawa?"

"Goma!"

"Babur, lita ɗaya a kilomita arba'in. Kilomita ɗari fa?"

Aka ji ƙus-ƙus. Mai tasi ya buɗe baki, Malam ya ɗaga masa yatsa ya rufe. Can wata siririyar murya ta ce biyu da rabi, sauran suka ɗauka.

"Keke mai ƙafa uku, ashirin da biyar?"

"Huɗu!"

"To, yanzu ne ake tarawa. In sun tafi tare, da igiya ko ba igiya, lita nawa za su sha?"

Wannan karon har direbobin layi suka amsa tare da yaran, tudun ya ɗauka: "Sha shida da rabi!"

"Madalla. Ku tambayi wakilina nawa ya zuba."

Muryar Sha-Kurum ta shigo daga ɗan nesa. "Yaya Malam, ai ba a yi haka ba a gaban yara. Kuma lissafin ya yi, ga shi na iso..."

"Ku tambaye shi ina motar."

"Ina motar?" yara suka tambaya.

"Ku tambaye shi ina keken."

"Ina keken?"

"Ku tambaye shi ina Malam."

"Ina Malam?"

"Yana... yana tafe," in ji Sha-Kurum.

"Ina kilomita biyar daga ƙofar gidana," Malam ya ce, "a bayan wata tirela, da matata da tela da igiya uku."

Dariyar da ta fito daga wayar sai da ta sa lasifikar can ta yi ƙara. Bayan dariyar tafi ya biyo, mai tsawo, iyaye da yara da tsofaffin ɗalibai, ana kiran Malam, Malam. Direbobin layi suka shiga motocinsu suka danna hon daga gindin tudu har sama, har manajan gidan man ya leƙo a firgice ya ɗauka tanka ce ta iso. Malam ya tsaya a tsakiyar titi da wayar a sama, da tabon tumatir a hannun riga, ya ɗan sunkuyar da kai yadda ya gwada a gaban madubi.

Da hayaniya ta lafa shugabar ta dawo kan waya tana share hawaye, ana ji a muryarta. "Malam, akwai 'yar matsala. Babur ɗin ya mutu a ƙofar makaranta, turo shi ya yi ya shigo. Nan garin ko ɗigon mai babu. Yana tambaya yadda zai dawo."

Tela ya kama hannun Malam. "Ka ce ya dawo min da shi, ko a ka ne."

Malam ya gyara tsayuwa. "Gaya masa ƙafarsa ta dama tana yin kilomita huɗu a awa, ta hagu ma huɗu. Ya tara. Ya riƙo babur ɗin tela a hannu, in ya ga dama ya tara da arba'in."

Ya kashe wayar ya koma mota ya zauna. Matarsa ta daɗe tana kallon hanyar da ƙaninta ya bi, sannan ta ce, "Malam, yanzu yaron nan sai yaushe zai iso gida?"

"Ki tambaye shi," in ji Malam, yana kankare tumatir da farce. "Shi ne mai lissafi."